Tsagin da Na Yi wa Baba a Jikin Maɗaci

Garinmu, tsakanin Gaya da Ajingi, ƙarar zarto ke tashin mutum da safe. Kusan kowane gida akwai mai yanka katako. A haƙa rami, a gicciya gungume a bakinsa, mutum ɗaya ya hau sama, ɗaya ya shiga ƙasa, su yi ta jan doguwar zarto. Na sama shi ne gwani, shi ke bin layin da aka buga da zare da gawayi. Ɗa kuwa ba ya hawa saman ubansa, ko a mafarki.

Ina da shekara ashirin da ɗoriya, lokacin ana kashe sule da kwabo, katakonmu ya fara fitowa a karkace. Baba ya leƙo ramin ya ce, "Kai ne kake ja da hannu ɗaya, raggo!"

Ni? Wallahi har kuka na yi don haushi. Na gyara tsayuwa, na wasa zarto, na sake zare. A banza. Kafintan da ke sayen kayanmu a kasuwar Ajingi ya ɗaga katako ɗaya ya ce, "Wannan ƙofa za a yi da shi ko kwale-kwale?" Aka yi ta dariya. Kaina ya kulle, har na fara zargin iskokin bishiyar.

Wata ranar Talata na fito shan ruwa, sai na ga Baba a tsugune yana shafa gungume da yatsa, yana neman layin. Ga shi baƙi ƙirin a gabansa! Ashe idon Baba ne ya fara tafiya. In mutane suka gane idonsa ya tafi, shi ke nan, sai ya sauka rami, ko ya zauna a gida.

Washegari na riga shi fita, na bi layin da wuƙa na yi tsagi, yadda ɗan yatsan ƙafarsa zai ji. Katako ya fito sambal, guda shida.

Da azahar ya kira ni.

"Wa ya taɓa min gungume?"

"Ni ne, Baba."

Tas! Ya ɗauke ni da mari, gaban jama'a. "Ni za ka koya wa aiki?"

Kwana biyu bai amsa gaisuwata ba. To me na yi? Laifi ne, ko ba laifi ba? Na rantse ba zan ƙara ba, kowa ya ji da kansa.

A rana ta uku ya hau sabon gungume, ya daɗe a tsaye, ƙafarsa na lalube. Ina ƙasa riƙe da zarto, ina jira. Can ya sunkuyo, murya ƙasa-ƙasa, bai dube ni ba.

"Kai. Ina wuƙar taka?"