Igiyar Malam Garba a Tandabawi

Ba a kira assalatu ba muka bar Zariya, ni da Kawu Isa, a bayan motar gyaɗa. Kawu aikin Hajji zai je, ni ne ɗan riƙon jaka. Amma a aljihuna akwai saƙo: lambar yabon Malam Garba, kocin ƙungiyar ƙwallon jami'armu.

Mutumin nan ban taɓa ganin irinsa ba. Mu uku ne 'yan baya, kullum wajen atisaye sai ya ba mu igiya guda mu riƙe, in ɗaya ya matsa dole sauran su bi shi. Ɗalibai suka laƙaba mana suna awakin Malam Garba. Ana tsakiyar kakar wasa tsohuwarsa ta ce ita a Makka take so a binne ta. Ya ɗauke ta suka tafi, shiru kake ji. Muka ci kofi ba ya nan, aka ba mu lambarsa. Abokan wasana suka ce, "Habu, kada ka kuskura ka dawo mana da lambar nan."

Kano zuwa Jidda

Daga Kano muka hau jirgin sama. Kawu da ke cika baki bai saki hannuna ba sai da muka sauka. Zafin Jidda kuwa mai ɗanko ne, ga masaukin alhazai maƙil. Da muka ɗaura harami ba aljihu, sai na cusa lambar a ɗamarata. A hanyar Makka aka tsayar da motarmu a shinge, aka duba fasfo, direba yana ta "Yalla, ya hajji!" kamar mu ne muka tsayar da shi.

Makka

Ganin Ka'aba ba zan iya kwatanta shi ba. Na yi kuka, ban ji kunya ba. Sai da muka sauko daga Mina na shiga neman Malam Garba. Na taka unguwar Rusaifa, na je har Ka'akiyya, ko'ina Hausa ake yi, amma da na ambaci sunansa sai fuska ta canja. Raina ya ɓaci ƙwarai. Wani mai shayi Basakkwace ne ya ji tausayina, ya turo mini wake da gurasa.

"Ɗana, ka taho da tabarau da alƙalami a aljihu kana tambayar sunan mutum? Rabin mutanen nan mafi waraga, ba su da takarda. Ko uwarka kake biɗa, ba mai nuna maka."

Ashe ni suke tsoro, sun ɗauka ni jami'in hukuma ne. Ga shi gobe motarmu za ta koma Jidda.

Tandabawi

Bayan la'asar na bi ta unguwar Tandabawi jiki a sanyaye, na ma daina tambaya. A wani fili mai tsakuwa na tarar da samari suna ƙwallo ba takalmi, suna ihu rabi Hausa rabi Larabci. Har na wuce sai na dawo. 'Yan bayansu uku riƙe suke da igiya.

Malam Garba na gefe a tsaye, ya rame, ya tara gemu, amma tsayuwar ba ta canja ba. Ya dube ni ya ce, "Habu? Har yanzu tafiyar agwagwar nan kake yi?"

Muka rungumi juna. Na tambayi tsohuwa. Ya yi dariya, "Tana nan, wallahi ta fi ni lafiya. Tun da ta sha Zamzam ta fasa mutuwa, ni kuma ba zan bar ta ba." Sai ya sunkuyar da kai. "Igiyarku ce wannan. Da ita na ɗaure kaya ranar tafiya. Kullum na gan ta sai in ce na watsar da yaran mutane. Kun sha kashi, ko?"

Na ciro lambar na sa masa a tafin hannu. Ya juya ta, ya sake juyawa.

"Nawa aka zura muku a wasan ƙarshe?"

"Ko ɗaya, Malam."

"Ba igiya?"

"Malam, ko babu ita haka muke tsayawa."

Ya rufe fuska da gefen rawaninsa. Samarin suka tsayar da ƙwallo. Da ya natsu ya ari wuƙa ya yanko kamu guda daga igiyar ya miƙo mini.

Gida

Mun iso Zariya lafiya, Kawu ya zama Alhaji, yana ba da labarin jirgi kamar shi ya tuƙa. Na gode wa Allah, na gode wa mai shayin nan da ban ko tambayi sunansa ba. Abokan wasana suka zo tsaraba, na ajiye dabino da Zamzam, ba wanda ya taɓa. Guntuwar igiyar suka yi ta miƙa wa juna.