Waƙar da Na Ƙwace wa Tsohon Tela

Na manta sunayen rabin malaman da suka koyar da ni a Makka, amma yammacin da na kunna wayata a shagon wani tsohon tela a unguwar Mansur yana nan daram a raina, kuma ban ga ranar fitarsa ba.

A shekarata ta farko ta karatu kaɗaici ya ci ni sosai. Abokan ɗakina ba mai jin Hausa, Larabcina kuma na littafi ne, in na yi ciniki a kasuwa sai a riƙa murmushi kamar na hau mumbari. Wando na kai gyara na gamu da tsohon. A hanyar hajji aka haife shi, a Makka ya buɗe ido, bai taɓa taka ƙasar Hausa ba, 'ya'yansa ma da Larabci suke amsa masa. Yana neman wanda za su yi Hausa, ni ma haka, sai na mai da bencinsa wurin zamana bayan la'asar.

Akwai wata waƙa da yake rerawa ƙasa-ƙasa in yana taka keken ɗinki. Da na tambaya, ya ce ta mahaifiyarsa ce. Ta ƙasa iyayensa suka taho, suka yi shekaru a Sudan suna aikatau kafin su ƙetare teku, kuma da waƙar take lallashinsa, wai ya yi shiru an kusa isa. "Ita kaɗai ta bar min daga ƙasarmu, ya waladi, ɗana," in ji shi. "Waƙar Hausawa ce tun kaka da kakanni."

Ni kuwa tun farko nake jin na san karin nan. Ya yi ta min yawo a ka har na gano: faifan garmahon babana ne. Waƙar soyayya ce ta wani baƙar fatar Amurka, wadda ta yi tashe a zamanin samartakar su babana. Gidajen rediyo sun sa ta har sun gaji, makaɗan Legas da Kano sun kwaikwaye ta, har yau mawaƙa na yagar karinta. Da alama a rediyon wani mai shayi a Sudan baiwar Allah ta tsince ta, ta sa mata Hausa, ta rage mata sauri.

Halina a lokacin, in na san abu sai na faɗa, ko ba a tambaye ni ba. Ga ni ɗalibin hadisi, kullum ana koya mana bin asalin magana, sai na ɗauka alheri zan yi masa. Na nemo waƙar, na zo cike da ɗoki, na zayyana masa tarihinta tas, sannan na kunna.

Ya tsayar da keken. Ganga da ƙaho suka cika ɗan shagon, amma karin shi ne, babu ja. Ya saurara har ƙarshe, kansa a sunkuye, yana murza wani guntun yadi. Da ta ƙare ya ce, "Wannan gaggawa yake yi. Ita ba haka take yin ta ba." Can kuma ya ƙara da cewa, "Ashe ba daga gida ta zo da ita ba." Ya ce halas, wato shi ke nan, in mai da wayar aljihu, ya ci gaba da ɗinkinsa.

Bai yi fushi da ni ba, da ma fushin ya yi da ya fi min sauƙi. Na ci gaba da zuwa, yana zuba min shayi, muna taɓa hira. Amma na ƙara shekara uku a garin ban sake jin ya rera ta ba, keken kaɗai ke ƙara. Sau ɗaya na roƙe shi, ya ce baitocin sun ɓace masa. Na san ba su ɓace ba, kuma wallahi ban taɓa jin kaɗaici a Makka irin na zaman bencin nan a waɗannan shekaru ba.

Sai da na manyanta na gane rabin gaskiya na kai masa. Ba'amurken ya ƙirƙiri karin, amma matar da ta goya ɗanta da shi har ta ƙetare teku ita ma waƙarta ce, kuma wannan rabin ya kamata in fara faɗa. Yanzu kafin in gyara wa mutum abin da ya riƙe, nakan tsaya in duba me zai rage masa a hannu in na gama. Shi dai ban bar masa komai ba.