Husainatu da kyamarar da ke kallon matakala

Maikano maƙaryaci ne, kuma da gangan ya ɓata sunan Husainatu. Da wannan zan fara, domin mutanenmu ’yan Najeriya mazauna unguwar Brickfields, a nan ƙasar waje, sun cika saurin mantuwa.

Shekara goma sha ɗaya Husainatu tana aikin furodusan fim, yanzu za ta ajiye. A watannin kullen korona, kullum bayan asuba takan goge gilashin tagarta, ta kunna kyamara ta saita ta kan matakalar benensu, awa biyu cur. Fim ne na wani darakta ɗan Japan, Malam Kuramochi, wanda rufe iyaka ya tsare a gida. Ba jarumi, ba waƙa, ba magana. Matakala ce kawai da masu hawanta. Ita ta nemo izinin mai benen, ita ke tura hotunan, ita ke lallashin daraktan ta waya duk ranar da ya ce ya fasa. Sharaɗi ɗaya ta kafa masa: sai ta dusashe fuskar kowa kafin hoto ya bar ɗakinta.

A gindin matakalar nan ake ajiye shinkafar taimakon ɗalibai, Maikano ɗan kwamitin ’yan Najeriya kuwa shi ke rabon. Shi ya bi mutane yana cewa, “Wane irin fim ne ba jarumi? Masu bizar da ta ƙare take ɗauka wa imigireshan.”

Aka daina amsa sallamarta. Mai shagon ƙasa ma ya fara ce mata abinci ya ƙare.

Ba ta yi rantsuwa ba. Ta tura wa kwamiti hotunan kwana arba’in, ta ce su kalla duka. Baba Haggai, shugabansu, ya yi ta hamma yana cewa, “’Yata, wannan fim ne ko horo?” Fuskoki duk a dushe, ba wanda za a kama da su. A hoton kwana na sha biyu sai ga wani yana jan buhu biyu zuwa babur.

Dinah, sakatariyar kwamiti, ta ce, “Baba, tsaya! Wannan ɗingishin ai na Maikano ne, ko a Kafanchan na san shi.”

Husainatu, ke kika fara ganin hoton nan, kika rufe fuskar ɓarawon kamar ta kowa, alhali yana yawo da sunanki. Ni da kaina na zarge ki, har na tsallake titi don kada mu gaisa. Na yi kuskure. An haska fim ɗin a wani ƙaramin zaure a Japan, sunanki can ƙasa da ƙananan baƙaƙe. Mun gode, uwar aiki. Matasa masu ɗaukar hoton mutane a waya ba izini, ku je ku ga yadda ake yi.

Maikano kuwa an cire shi daga kwamiti, ya mayar da buhu tara da ya sace a lokacin kullen, kuma har yau ba ɗalibin da ke ba shi ko saƙo.