Kwana Huɗu a Ɗakin 'Yan Tsakin Gwaggo

Ina aji biyu na babbar sakandare fatata ta fara saɓa. Gwiwoyin hannu, ƙwauri da ƙeya duk suka yi ɓawo fari-fari, in na tashi daga tabarma sai ka rantse an zubar da garin rogo. Masanan unguwarmu a Malumfashi suka taso kaina. Wannan ta ce kirci ne, waccan ta ce makero, wani tsoho da ko ganin gabansa ba ya yi ya ce ya gani sarai, na tsallake sammu. An shafa mini man kaɗanya, an shafa toka, saura kaɗan a barbaɗa mini yaji a gasa.

A wani asibiti a Zariya likita ya ce sunan ciwon soriyasis, ba a ɗaukarsa a jikin mutum, kuma tun da man shafawa ya gaza, za a yi mini maganin haske. Akwati ne tsaye kamar wadirof, cike da dogayen fitilu. Nas ta ba ni baƙin tabarau, na shiga, kafin na gama bisimilla ta ce in fito. Sakan ƙalilan ake farawa da su, ana ƙarawa sannu a hankali don kada fata ta ƙone. Sau biyu a mako Baba ke kai ni ta Funtua. A mako na biyar ƙwaurina ya fara laushi, na soma barci ba susa.

Sai kaka ta yi. Masara na jiran karya, waken soya na fashewa a gona, Baba kuma yana kan titin Zariya. A nan ne yayarsa, Gwaggo, mai kiwon kaji a Dayi, ta zo duba ni. Ita Gwaggo babu abin da ba ta sani ba, sai dai abin da Allah bai halitta ba tukuna.

Ta ce, "Ke, me suke ba ki a can? Allura?"

"Haske, Gwaggo."

"Hasken me?"

"Na fitila."

Ta juya ta dubi Baba kamar ya sayar da gonar gado. "Kai da girmanka, ka bar amfani yana lalacewa don a haska wa yarinya fitila? Ni da nake da ƙwan fitila shida a ɗakin 'yan tsaki, ga sola ba ɗaukewa?"

Baba ya ce, "Yaya, likita ya ce nasu hasken daban ne."

"Daban da me? Daga Makka aka ɗebo shi? Su minti ɗaya suke ba ta don rowa. Ni awa biyu zan ba ta, safe da yamma."

Baba, wanda in ya daka tsawa a gona har shanu ke nutsuwa, ya sunkuyar da kai ya ce to. Na yi kuka, na ce sabuwar fatata za ta koma gidan jiya. Aka ce yaro bai san wuta ba. Gaskiya ne, a Dayi na san ta.

Gwaggo ta ajiye mini kujera 'yar tsuguno a tsakiyar buntun shinkafa, ƙarƙashin jajayen ƙwayayen da ke ɗumama 'yan tsaki. Ta ɗaure mini idanu da ɗankwali a madadin tabarau. Fitilun nan zafi kawai suke bayarwa, ba su da abin da fata ke nema. Gumi ya riƙa bin ɓawon yana ci kamar barkono. A kwana na uku ƙurajen zafi suka feso a wuyana, ƙwaurin da ya fara kyau ya sake yin fari.

Na nuna mata. Ta tafa hannu. "Alhamdulillahi! Ciwon ne ke fitowa."

Su kuwa 'yan tsakin sun samu bati. Ina susa, gari na zuba, suna wawaso. Wasu marasa kunya ba sa ma jira ya faɗo, a ƙafata suke tsatsaga.

Rana ta huɗu da hantsi wata Hajiya mai gidan abinci a bakin titi, wadda ke kwashe kajin Gwaggo duk in sun girma, ta leƙo ganin sabon zubi. Na ji muryarta, na ɗage ɗankwalin.

Ta ce, "Subhanallahi, wannan fa? Horo ake yi mata?"

Gwaggo ta ce, "'Yar ƙanena ce, ɗan ɗumi take sha."

Na gaishe ta da ladabi, na miƙe ƙafa, na kantsara susa. Tsaki sun fi ashirin suka rufe wurin. Na ce, "Hajiya, bana za ki sha mamakin ƙibar kajin nan. Kwana huɗu ke nan da fatata ake kiwonsu."

Hajiya ta toshe baki da mayafi, ta ja da baya har takalminta ɗaya ya cire. Gwaggo ta bi ta tana rantsuwa cewa likita da kansa ya ce ba a ɗauka. Likitan da ta kira marowaci kwanan baya, yau ya zama shaidarta.

Kafin azahar an ɗaure mini kayana a leda, an ɗora ni a babur. Gwaggo da kanta ta kira Baba, ina jin ihunta har muka hau kwalta: "Ka kwashe 'yarka ka mayar da ita wurin masu fitilarta, kada ta kashe mini sana'a!"

Da na iso gida Baba ya duba wuyana da ƙwaurina. Da yamma ya bar wa wani ƙanensa aikin masara don ya ci gaba da kai ni asibiti.

A Zariya nas ta ce tun da na yi fashi, sai an rage mini lokacin an sake hawa a hankali. Ta ga ƙurajen ta tambayi inda na kwaso su. Baba ya kafa wa silin ido. Na buɗe baki zan ba da labari tun daga farko, ya ce, "Ke, shiga akwatin, mutane na jira."

Na shiga. Sakan arba'in, ba gumi, ba mai tsatsagar ƙafata.