Minti Biyun da Na Yanke

Kyautar tana nan bisa kanta a ɗakina a Damagaram. Matata ke goge ta, ni ban cika son kallonta ba. Na same ta ne da fim ɗin da na yi a kan kawuna, ƙanin mahaifiyata, mai haƙar rijiya a Guci.

Rani guda na yi ina binsa da kamara. Duk lokacin da na ce ya yi magana, sai ya fara da maigidansa, wani tsoho na garin Mallawa da ya koya masa sana'ar. Ya ambaci sunansa, ya yi masa addu'a, sannan ya shiga zance. Haka masu haƙa suke, ba sa zura ƙafa a rami sai sun ambaci wanda ya fara miƙa musu dagi. Ni kuwa, ɗan lakkwal, na yi boko na zama sarkin sani, na ɗauka jan zance ne irin na tsofaffi. Da na zauna tace fim ɗin, na yanke wurin. Minti biyu ne kacal.

Sai fim ya buɗe da fuskar kawu yana cewa, "Rijiyoyin nan duka ni na haƙa su." A ƙasar waje aka yi ta tafi, aka ba ni kyauta, na sha hoto har kumatuna suka gaji.

Na kawo shi Guci ranar kasuwa, na kunna a zauren mai gari bayan azahar. Ashe kawu ya aika wa 'ya'yan marigayi maigidansa, sun zo takanas daga Mallawa su ji sunan ubansu. Suka zauna har ƙarshe. Da aka gama suka sa takalmansu, ko ruwa ba su sha ba.

Kawu bai ɗaga murya ba. Ya ce, "Ɗana, ka mai da ni butulu a gaban mutane. Ka mayar da abin da ka cire."

Na ce, "Kawu, a haka fa aka ba shi kyauta. Amma zan duba."

Aikin yini ɗaya ne. Shekara uku ina dubawa, ina wasu finafinan, kuma gaskiya ƙyashin taɓa abin da aka yaba nake yi. Har yau ina jin kunyar wannan.

Kawu ya rasu farkon damina. Muna zaman makoki, na yi ta duban hanyar Mallawa har aka yi sadakar bakwai. Ba su zo gaisuwa ba.