Ƙwan fitilar karafan da kitson Kaka

A shekarar da aka rushe unguwarmu, Karantina, mun yi lokacin zafi gaba ɗaya a cikin karafan. Ɗaki ne mai taya, irin wanda ake ɗaurawa a bayan mota a tafi da shi sahara lokacin sanyi. Na kafilin Baba ne, wato ubangidan da ya tsaya masa a takardun zama. Baba gadin wani sito yake yi a Madinar Masana'antu, kuma a bayan siton ake ajiye karafan ɗin idan zafi ya shigo. Da aka zo aka rubuta "izala", wato rusau, da jan fenti a bangon gidanmu, kafilin ya ce mu shiga ciki kafin mu samu haya. Sharaɗinsa shi ne kada mu huda komai, kada mu canza komai, domin da sanyi ya faɗo zai ɗauki abinsa.

Mu huɗu ne, Baba da Mama da ni da Kaka, mahaifiyar Baba. Tagogin karafan suna kallon filin siton, inda direbobin manyan motoci da leburori suke kai da kawo tun safe. Saboda haka labulenmu kullum a sake yake. Ko rana tana tsaka, a ciki sai da fitila.

Fitilun ƙanana ne, a manne a rufi, kowace kamar gindin kofin shayi. Wutar batir suke sha. A cikin kowace akwai wani ɗan ƙwai mai ƙafa biyu sirara kamar allura. Rabinsu sun mutu tun kafin mu zo. Waɗanda suka rage zafi ne da su, har Mama ta taɓa ƙona yatsa, amma haskensu ja-ja ne, kuma yakan dusashe idan batir ya yi sanyi.

Tun ina ƙarama Kaka ce take mini kitso, duk ranar Alhamis bayan la'asar. Manyan kalaba take yi, masu kwana bakwai, a tsefe a sake. Ni ba mai magana ba ce. A makaranta akwai malamar da sai da aka yi rabin shekara kafin ta ji muryata. Amma idan na zauna tsakanin gwiwoyin Kaka, na ba ta baya, bakina yakan buɗe. Ina gaya mata wadda ta zo da sabon takalmi, da wadda ta daina zuwa tun da aka rushe layinsu. Idan na zarce da Larabci sai ta ɗan ƙwanƙwasa mini kibiyar kitso a ka.

"Da Hausa, ƙawata. Ni ba Balarabiya ta haife ni ba."

A Karantina a tsakar gida muke zama, ƙarƙashin sararin Allah. Kaka tana da yana a ido, amma hasken rana yana isarta. A karafan, Alhamis ta farko, na ji kibiyar tana yawo a kaina, ta tafi ta dawo. Ta kitsa biyu, ta shafa da tafin hannu, ta tsaya.

"Ke," ta ce wa Mama, "zo ki duba mini. Tsagar nan ta miƙe?"

Mama ta leƙo. Ta ce, "Ba laifi, Inna."

"Ba laifi ba amsa ba ce. Ta miƙe ko ta karkace?"

"Ta ɗan karkace."

Kaka ta ajiye kibiyar a cinyarta. Mama ce ta ƙarasa kitson, da sauri, tana ja da ƙarfi, ni kuwa ban ce komai ba har aka gama.

Gwaggo, ƙanwar Baba, tana Makka da mijinta. Ta daɗe tana roƙon Kaka ta koma wurinta, Kaka tana ƙi. Bayan wannan Alhamis ɗin na ji Kaka a waya tana cewa, "To, ki zo Juma'ar sama. Me nake tsinana musu a cikin akwatin nan? Kan yarinya ma ya gagare ni."

Na kasa cin abinci ranar. Da Mama ta matsa mini, na ce mata a hankali ba idon Kaka ba ne, fitilar ce. Idan aka gyara fitila za ta gani, idan ta gani ba za ta tafi ba. Mama ta dube ni, daga baya ta gaya wa Baba.

Washegari Baba ya shigo da ƙwan fitila daga baƙala, shagon kayan masarufi, irin na gida, ƙato kamar gwaiba. Ya ɗaga shi kusa da ɗan ramin fitilar, ya juya shi hagu da dama. Mama ta tuntsire da dariya, wadda rabon da in ji ta tun muna gidanmu.

"A ina za ka cusa wannan, mai gida? Sai dai ka riƙe mana shi da hannu."

"Halas, halas," in ji Baba. Shi ma ya so ya yi dariyar, amma ba ta fito ba.

Daga baya na hau kujera na zare mataccen guda ɗaya, na naɗe shi a tishu. Baba ya ce in sa abaya in bi shi, tunda ni nake iya karanta rubutun jikin kwali.

Shagon da muka je yana unguwar Waziriyya, cikin masu kayan ƙawar mota. Mai shagon Bahaushen Sudan ne, mai ƙaton tumbi da furfura a gemu, kuma ashe a Karantina layinsa yana bayan namu. Ya rungume Baba yana bubbuga masa kafaɗa.

"Maƙwabci! Kai ma kana raye? Ina guguwar ta jefa ku?"

"Muna nan kusa da wurin aiki," in ji Baba. "Alhamdu lillahi."

"Gida ko shaƙƙa, irin ta hayar bene?"

"Wuri dai mai kyau."

Na ga kunnen Baba ya motsa, yadda yake yi idan yana son a bar magana. Ya karɓi tishun daga hannuna ya buɗe a kan kantar shagon. Mai shagon ya ɗaga ɗan ƙwan da yatsa biyu.

"Wannan ai na karafan ne. Yaushe ka zama ɗan hutu ban sani ba?"

"Na kafili ne. Ya ce in gyara masa."

"To ka yar da wannan tsohon yayin. Yanzu LED ake sawa, lid. Ba zafi, ba ya shan batir, ƙafafunsa iri ɗaya, sokewa kawai za ka yi. Sahara yake fita da shi, ko?"

"E."

"Fari za ka kai masa, mai ƙarfi. Su suna son ko kunama ta shigo su gan ta tun daga ƙofa."

A gefen kantar akwai wani allo da aka jera ƙwayaye don gwaji. Ya danna, farin ya kama, sai da na runtse ido. Ƙwan tsirara yake, da ɗigo-ɗigon wuta kamar ƙwayar gero, kowane ɗigo yana sukan ido. Hannun mai shagon a ƙarƙashinsa ya koma toka-toka. Can ƙarshen allon akwai wani da ya kama tare da shi, mai hula fara kamar madara, haskensa ruwan zuma. Da hannun ya bi ta ƙarƙashin wancan, na ga gashin bayan yatsunsa ɗaya-ɗaya. Na buɗe baki, na dubi Baba, na ga yadda ya ƙosa ya fita daga shagon. Na rufe bakina. Muka ɗauki farin.

A karafan Baba ya soke na farko, bai kama ba. Ya fara salati. Na tuna mai shagon ya ce idan ya ƙi a zare a juya ƙafafun, na faɗa masa, ya juya, ya kama. Da aka gama sawa duka, ɗakin ya zama kamar ɗakin allura a asibiti. Duk abin da duhu ya rufa mana asiri a kai ya fito: tsatsar bakin famfo, jakunkunan kayanmu da aka cusa ƙarƙashin gado, ramin idon Mama.

Kaka ta kare fuskarta da mayafi.

"Kashe, kashe! Wannan yaro so kake ka ƙarasa ni?" Ba ta kiran sunan Baba, shi ne ɗanta na fari.

"Inna, don ki gani ne."

"Hayaƙi kawai nake gani. Da can ina ganin inuwarku, yanzu ko ita babu."

Hawaye yana zuba daga idonta, ba na kuka ba. Baba ya kashe, muka zauna a duhu da rana tsaka, mukayyif mai sanyaya ɗakin yana ta gurnani. A waje wani direba yana yi wa wani ihu ya matsar da mota.

Ran Laraba muka koma Waziriyya. Mai shagon ya ga kwalayen a hannunmu ya ɗaga gira.

"Kafilin bai so ba? Wallahi mutanen nan, ko wata ka ciro musu sai sun ce ya yi ƙarami."

Baba ya tsaya yana shafa gefen kantar. Ni kuma na ji maganar ta fito daga bakina da Larabci, ƙasa-ƙasa, ina kallon takalmina. Na ce kakata tana da yana a ido, kuma tana so ta ga tsagar kitso.

Mai shagon ya dube ni, ya dubi Baba.

"A ciki muke," in ji Baba. "Mu da tsohuwa."

Mai shagon ya ja numfashi. "Ya akhi, ni da iyalina a ɗakin surukina muke, mu da kayanmu har rufi. Wa za ka ɓoye wa? Da ka faɗa tun farko ai da ban ba ka fitilar kama kunama ba." Ya juyo gare ni. "Yalla, 'yata, nuna mini wanda idonki ya kama. Na ga kina satar kallonsa rannan."

Na nuna mai hular madara. Ya ce mahaifiyarsa ma kafin a yi mata aikin ido ba ta iya zama a ƙarƙashin farin, irin wannan take so. Ya ce kada mu kunna duka, mu kunna wanda zai zo mata ta bayan kafaɗa, ya sauka a kan abin da take yi, kada ya shiga idonta. Ya karɓi fararen ya ba mu waɗannan, ya ƙara mini da alewa, ban iya cewa na gode ba sai da muka kai ƙofa.

Ran Alhamis bayan la'asar na shimfiɗa darduma a ƙasa, daidai ƙarƙashin fitilar da ke bayan kujerar Kaka. Na tsefe kaina da kaina. Na kawo kibiya da man kitso na ajiye kusa da ita. Ta daɗe tana kallon tafin hannunta a cikin hasken, tana juya shi.

"Zauna mu gani," ta ce.

Kibiyar ta sauka a goshina ta tafi har ƙeya a miƙe, ba ta dawo ba. Na ji sanyin ƙarfen a fatar kaina. Mama ta leƙo ba tare da an kira ta ba, ta ce, "Kamar da zare aka ja, Inna."

"Wa ya tambaye ki?" in ji Kaka, amma na ji dariya a muryarta.

Daɗi ya cika ni har na fara zuba. Na ba ta labarin mai shagon da tumbinsa, da kunamar da ake gani tun daga ƙofa. Ta ƙwanƙwasa mini kibiya sau biyu saboda Larabci. Sai can na lura gashin da take ɗiba kaɗan ne ƙwarai. Ta gama ɗaya, na kai hannu na taɓa. Siriri ne kamar igiyar carbi. Na biyu ma haka. An kira magariba ba mu kai rabi ba, ta yi salla a zaune, ta dawo ta ci gaba.

Na san wannan kitson. Shi take yi wa matan layinmu idan za su yi doguwar tafiya, wanda yake wata biyu bai tsufa ba.

"Kaka, ba kalaba za ki yi ba?"

"Daina motsi."

"Ai yanzu kina gani."

Hannunta ya tsaya a kaina, da nauyi da ɗumi.

"Ina gani, ƙawata. Shi ya sa nake yi miki mai kyau. Matakalar ƙarfen nan gwiwata ba ta iya ta, kuma ubanki a ƙasa yake kwana don in samu gado. Da sanyi ya zo mai abu zai karɓi abinsa, gara su nemi wuri su uku." Ta ja wani silin. "Kada ki bar uwarki ta tsefe shi da wuri. Hannunta zafi."

Ina kallon inuwarmu a jikin labule, kaina da hannayenta suna hawa suna sauka.

Gwaggo ta zo bayan sallar Juma'a. Baba ya sauko da Kaka daga matakalar kamar yarinya, leburorin suka kau da kai. Kafin ta shiga mota ta sa hannu ta cikin hijabina ta shafa kitson, layi-layi, har ƙeya.

Kitson ya kai wata biyun, har ya ɗan wuce. Ina ɗaure shi da ɗankwali idan zan kwanta, ba na bari ruwa ya taɓa shi sosai. Da ya fara tashi Mama ta ce in kawo kibiya. Na ce mata a bari sai wata Alhamis ɗin.