Sunan da Ya Tsallake Ni

A gidanmu na Fammar, idan aka kawar da amfanin gona sanyi ya fara shigowa, ba a barin murhun Iya ya mutu bayan an sauke tuwo. Iya ita ce mahaifiyar babana. Takan tura guntayen karan dawa cikin garwashin, ta binne dankali a toka, mu kuma jikoki mu kewaye ta da ƙwaryar gyaɗar da za mu ɓare, domin a wurinta ba a sauraron labari da hannu a sake. Ya kamata in faɗa tun daga farko cewa abin da zan rubuta daga ƙwaƙwalwar yaro ya fito. Inda na tabbatar zan ce na tabbatar, inda nake shakka kuma ba zan ɓoye ba.

Abu na farko da na tabbatar shi ne wurin zaman kowa. Ihsan, 'yar ƙanin babana, ita ce take jingina da cinyar Iya. Ni kuwa ina can ɗaya gefen wutar, ta inda hayaƙi yake bi. Ba wanda ya kore ni zuwa can, kuma da na matso ba wanda zai hana ni. Daga nan ne dai nake ganin bakin Iya sosai, kuma bakinta nake kallo.

Iya tana da tatsuniyoyi da yawa na dabbobi da na 'yan matan da suka ɓata a daji, amma akwai labari guda wanda ba ta yarda a kira shi tatsuniya. Idan za ta fara shi sai ta ɗaura ɗankwalinta da kyau, ta ce, "Ku gyara zama, yau gabas za mu." Labarin mijinta ne, kakanmu, wanda kowa yake kira Malam, kuma babu jikan da ya taɓa ganinsa.

Tun yana saurayi, kafin ya aure ta, Malam ya bi ayarin masu tafiya aikin hajji a ƙasa. Sun wuce Barno, sun ratsa Chadi, suna cikin ƙasar Sudan zazzaɓi ya kayar da shi. Abokan tafiya suka jira shi iyakar abin da guzurinsu zai ɗauka, sannan suka kwantar da shi a wata rumfa a bakin wani ƙauye, suka yi masa addu'a, suka wuce. A nan wani mutumin ƙauyen ya tsince shi. Ya ja shi gida, yana jiƙa tsumma yana ɗiga masa ruwa a baki, ya riƙa dama masa kunu mai ruwa-ruwa, ya wanke masa tufafi, ya zauna da allura yana cire masa ƙayoyin da suka nutse a tafin ƙafarsa ɗaya bayan ɗaya. Ba sa jin harshen juna, sai ɗan Larabcin da Malam ya samu a karatun allo. Da ya warke, mai masaukin ya ba shi takalmi da dabino, ya raka shi har bakin hanya. Malam ya tuɓe rigarsa zai bayar, aka mayar masa da ita a kafaɗa. Sai ya ce to, aƙalla a faɗa masa suna. Aka ce masa Ihsan. A wurin ya yi alkawari tsakaninsa da Allah cewa wannan suna sai ya zauna a gidansa.

Na rubuta "wani mutum" ne don in sami yadda zan ba da labarin, amma gaskiyar magana ban san ko namiji ne ko mace ba. Wani daren Iya takan ce tsoho ne mai jaki, wani daren kuma ta ce wata mata ce da ta fito ɗiban ruwa da tulu. Na taɓa tsayar da ita a kan haka.

"Iya, shekaranjiya kin ce tsoho ne."

"To yau tsohuwa ce. Kai ka je can?"

"Amma ai ɗaya ne gaskiya."

"Malam ya ce mutanen can suna sa wa mace, suna sa wa namiji. Ni kuma ban tsare shi da tambaya ba, a zamaninmu ba a tsare miji da tambaya. Ɓare gyaɗarka, Maigida, hannunka ya tsaya."

Na yi imani Malam ya san wanda ya yi jinyarsa. Amma daga baya da na tambayi babana ya ce namiji ne, gwaggona ta ce mace ce, kuma da na bi diddigi sai na tarar dukansu a bakin Iya suka ji.

Ragowar labarin ita ce take ci mini rai. 'Ya'yan Malam duk sun tafi a sunayen iyaye da malaman da suke da haƙƙi a kansa, saboda haka ya ce jikansa na fari, mace ko namiji, shi za a sa wa Ihsan. Ni ne jikan fari. Na riga 'yar baffana zuwa duniya da 'yan kwanaki kaɗan. Sai dai Malam ya rasu ina ciki, kuma da na zo namiji, a gidan da ba a daɗe da tashi daga makoki ba, babu wanda ya tsaya shawara: aka raɗa mini Sulaiman, sunan Malam. Da aka haifi mace a bayana, Iya da kanta ta aika zaure ta ce a cika wa Malam alkawarinsa. A nan take rufe labarin. Sai ta ɗora tafinta a kan Ihsan ta ce, "To ga ta, Ihsan, ta biyo shi tun daga gabas har Fammar." Takan ja sunan a hankali, kamar mai tsotsar alewa ba ta son ta ƙare.

Wanda bai tashi a irin gidanmu ba zai ce ai ni na fi samun rabo, tunda sunan mai gidan kansa aka ba ni. Haka ne a wajen girma. Amma mace irin Iya ba ta faɗin sunan mijinta, yana raye ko ya rasu, kuma babana da 'yan'uwansa ba sa faɗin sunan mahaifinsu. Saboda haka gida duka suna kirana Abba, Iya kuma tana kirana Maigida, tana tsokanata wai ban kawo mata goro ba, wai miji ne ni marar amfani. Ranar da aka kai ni firamare malami ya kira Sulaiman, na waiga ina neman yaron tare da sauran 'yan aji. A dare guda Iya takan faɗi sunan Ihsan har ba a iya ƙirgawa, a cikin labari da wajen labari. Nawa kuwa, wanda ta fi kowa saninsa, bai taɓa fitowa daga bakinta ba.

Idan daren ya kasance na tsoho mai jaki, nakan sa rai, kamar dai idan Ihsan na farko namiji ne to za a duba a gane an yi kuskure a mayar mini da abina. Ba a taɓa dubawa ba. Tafin Iya a kan Ihsan yake sauka, ko da wane ne ya tsinci Malam a daren.

"Maigida, hayaƙi ne ya sa ka hawaye?" in ji Ihsan, tana hura dankalin da Iya ta ɓare mata.

"Hayaƙi ne."

"To ka taso mana. Ko mijin Iya ba ya zama da yara?"

Sau ɗaya na shirya wa Iya dabara. An koya mana sunayen annabawa a Islamiyya, sai na ce mata malaminmu ya ce tsofaffin da ba su yi makaranta ba ba za su iya jero su ba. Na san ba ta ƙin gasa. Ta ajiye muciyar da take kankarewa, ta fara daga Annabi Adamu, tana yi wa kowanne salati, ni kuma na kasa kunne tun da ta iso kan Annabi Musa. Ta ce, "Annabi Dawuda, alaihis salamu, da ɗansa, alaihis salamu," ta wuce abinta ba ko tuntuɓe.

"Iya, wane ɗan nasa?"

Ta dube ni ta saman wutar, ta yi dariya har tana share ido da gefen zane. "Ku ji mini ja'iri. Tarko ka ɗana mini a gidana? Je ka tambayi malamin naku, shi ba mijinsa ba ne."

Kowa ya yi dariya, har iyayenmu mata da suke jiyo mu daga ɗakunansu. Ni ma na yi, domin babu abin da ya rage in yi.

Da na shiga jami'a a Kano, ba Larabci na karanta ba, amma na nemi waɗanda suka karanta shi na tambaye su, na kuma duba ƙamus da kaina don kada in dogara da baki ɗaya. Iyakar abin da na fahimta shi ne, Ihsan daga tushen kalmar da take nufin kyau ya fito, tushen da ya ba da Hassan da Husaini da Hasana da Muhsin. Ma'anarsa kyautatawa: mutum ya yi abu ya inganta shi, ya yi alheri fiye da abin da ya wajaba a kansa. Malaman addini kuma suna ambatonsa tare da musulunci da imani, a matsayin daraja ta sama a bauta. An tabbatar mini cewa a ƙasashen Larabawa da wasu ƙasashen musulmi maza suna amsa shi, mata ma suna amsa shi, ko da yake a wajenmu yanzu 'yan mata na fi ji da shi. Na yi zaton sanin wannan zai sanyaya mini rai. Sai ya ƙara tabbatar mini da abin da nake zargi tun ina yaro: babu wani dalili na harshe ko na addini da ya hana sunan zama nawa.

Ina bautar ƙasa a kudu Iya ta kwanta ciwon ajali. Ihsan, wadda a lokacin ta yi aure a Rurum, ta hau babur da goyonta ta dawo gida ta zauna jinya. Ni ban iso ba sai bayan an kai Iya makwancinta. Da masu gaisuwa suka fara raguwa, wata yamma Ihsan ta yafito ni gefen rumbu.

"Abba, akwai wani abu a wurina, ina jin naka ne."

"Mene ne?"

"Ranar da za ta cika, da hantsi, ina ba ta kunu, sai ta kawar da ludayin da hannunta. Ta ce, 'Sulaimanu.'"

Wannan ne karo na farko da na ji sunana a cikin gidanmu.

"Ni, ko Malam?"

"Wallahi ban sani ba."

"Ina take kallo?"

"Ƙofa."

"Ba ta ƙara komai ba? Ba ta tambayi ko na taso ba?"

"Ba ta ƙara ba. Ta koma ta rufe ido."

"Da sai ki ce ni take nufi. Me zai rage ki?"

Ihsan ta gyara goyonta, ta yi ɗan murmushi. "Da na faɗa da ka gane, kai da ba ka barin magana ta wuce ba ka juya ta ba. Yadda na ji na kawo maka."

Na roƙe ta ta maimaita shi yadda Iya ta faɗa, da irin jan muryarta. Ta buɗe baki za ta gwada, sai ta girgiza kai, ta ce ba za ta iya ba.

Tun daga ranar nake auna maganar. Ni ne wanda ake jira ya shigo ta wannan ƙofa, wannan gaskiya ne. Amma wanda yake gab da tafiya yakan ga waɗanda suka riga shi, wannan ma an sha faɗa, kuma mai yiwuwa ne a ƙarshen numfashi kunyar shekaru ta saki mace ta kira mijinta. Ba ni da hujjar da zan fifita ɗaya a kan ɗaya, saboda haka ba zan rubuta cewa Iya ta kira ni ba. Abin da zan iya rubutawa shi ne sunan ya fito daga bakinta, kuma kunnen da ya ji na Ihsan ne.

Ina yaro na ɗauka darasin labarin Malam shi ne a cika alkawari. Yanzu na fi tunanin wanda ya zauna da allura a kan ƙafar baƙo, aikin da babu mai ganinsa kuma babu wanda zai zarge shi da ya bari. Ranar da Iya za ta cika, Ihsan ɗinmu ita kaɗai ce a ɗakin. Tana iya yin shiru, tana kuma iya ƙara wa maganar abin da zai faranta mini rai ta huta da tambayoyina. Ta ɗauko ta yadda take, ta kawo wa mutumin da ta san tun suna yara yake kallonta ta cikin hayaƙi. Na san wannan kyautatawa ce, kuma na gode mata da gaske. Sanin hakan bai cire mini kishin ba. Duk lokacin da muka yi waya nakan ji kamar in ce ta sake gwada muryar, ko da ba za ta yi daidai ba. Ban taɓa cewa ba. Mukan gaisa, ta ba ni labarin ɗanta, ta ce, "To Abba, sai an jima," ta kashe.